Jegon Araceli

Kwanon romon kaza ya daki bango, ya tarwatse a ƙasa.

"Na ce ba na sha!" Araceli ta faɗa.

Kafin ta rufe baki surukarta, Doña Eulalia, ta kwaɗa mata mari. Tas! Jariri ya tsala ihu.

"Ni za ki watsar wa abinci? Gidana na bari a Nuevo Laredo, na tsallako gadar kan iyaka don in yi miki jego! Bakwai na haifa, wa ya taɓa ganin hawayena? Ke ɗa guda kin sheme kamar gawa, ko kallonsa ba kya yi!"

Tun cikin yana wata shida barci ya ƙaurace wa Araceli, kuka ba dalili. Da ta haihu abin ya ƙaru. Tsohuwar ta tsare ta yadda aka saba: kwana arba'in ba fita, ba wanke kai, tagogi a rufe kada iska ta shige ta, ciki a ɗaure, kunne toshe da auduga. Da ta ce zuciyarta ta yi nauyi, ɗanyen ƙwai aka murza mata a jiki, wai kambun baka ne. Daga asibiti aka kira cewa ta zo a duba ta, tsohuwar ta ɗauki wayar ta ce sai an yi arba'in.

Doña Eulalia ta suri jaririn, ta fita ta datse ƙofa. Araceli ta dubi tagar nan, numfashinta na sarƙewa. Ta dunƙule hannu ta kai mata naushi. Gilashi ya tsarge ta har gwiwar hannu.

Daidai lokacin mijinta Efraín ya dawo cin abincin rana daga aikin rufin gidaje. Ya banke ƙofar da kafaɗa, ya tarar da jini yana bin zanin gado.

"Celi! Me kika yi wa kanki?"

"Ka bar ni in tafi, Efraín. Yaron zai fi jin daɗi idan ba ni."

Shi da kullum yake ce mata ta yi haƙuri da Mama! Ya naɗe hannun da rigarsa, ya sungume ta. Uwarsa ta tare bakin ƙofa da muciya.

"Ajiye ta, mara kunya! Iska za ta kashe ta! Ka zaɓa, ni ko ita!"

"Mama, matsa."

Ta rafka masa muciyar a goshi, gira ta fashe.

"Ki ƙara, Mama, ke kika haife ni. Amma matata asibiti za ta."

Ya raɓe ta ya wuce.

Likita ta ɗinke hannun, ta zauna ta saurari Araceli. Ta ce ciwon damuwa ne da ke kama masu ciki da masu jego, kuma yana da magani. Wata da watanni Efraín yana kai ta yana dawo da ita, har ranar da ya shigo ya ji tana yi wa yaron waƙa. Ya jingina da bango ya yi kuka.

Ranar baftismar yaro, dangi sun cika tsakar gida ana cin tamales, alalar masara irin tasu, Efraín ya miƙe.

"Mama, duk mutanen nan kin buga musu waya kin ce matata muguwar uwa ce. A gabansu za ki janye."

Tsohuwar ta daɗe tana murza mayafinta, sannan ta tako gaban Araceli.

"Na zalunce ki, 'yata. Ki yafe mini."

Araceli ta rungume ta, suna kuka.

Haka ya dace. Mai jegon da ta ce zuciyarta ta yi nauyi, likita take buƙata, ba mari ba. Wanda kuma ya ɓata sunanta a bainar jama'a, a bainar jama'a zai gyara shi.