Kitson Inna Hajjo a Kufan Kwarin Datti

Gab da magariba Munzali ya ari keken maƙwabcinsa ya nufi kufai, domin mahaifiyarsa, Inna Hajjo, ta sake sulalewa.

Kufan nan shi ne Kwarin Datti, can bayan Farin Dutse. Wani maharbi ne mai suna Datti ya biyo barewa har ya gaji, ya zauna hutawa, hutun nan ya zama gari. Gari na ce? 'Yan gidaje ne da rijiya da tsamiya guda, ko mai unguwa ba mu da shi. Mu da aka haifa a can, in an tambaye mu sai mu ce daga wajen Gwaram muke, mu sake zance. Da aka yi mana sabuwar jiha aka haƙa burtsatse a bakin titi, kowa ya ɗauki jinkarsa ya bi ruwa. Masu rai aka kwaso. Na kwance aka bar su, har da Safara'u, 'yar Inna, wadda ta rasu wajen haihuwa. Ita ce mai yi wa Inna kitso, kuma tun da ta tafi Inna ba ta sake miƙa wa kowa kanta ba.

Munzali ya jingine keken a jikin tsamiya. Sai ƙamshin man shanu ya doke shi, da hayaƙin kara. Wuta kuwa babu. A rijiyar da ta daɗe da ƙafewa ya ji guga ya faɗa ruwa, tsulum.

Ya shiga kangon gidansu.

Inna na kwance a kan tabarma, ba ɗankwali, ta aza kai a cinyar wata mace. Macen ta ba shi baya. Ya san zanen. Shi ya sayo wa ƙanwarsa Safara'u shi a kasuwar Birnin Kudu.

Yatsu na tafiya cikin furfura.

"Yaya," macen ta ce a hankali, ba ta waiwayo ba, "ɗan jira. Na kusa."

Ya durƙusa ya taɓa ƙafar Inna. Sanyi kamar gindin randa.

A garinmu ba a kitso in rana ta faɗi, sai na gawa, shi kuwa gida uku ake raba shi. Ya dubi kan. An gama biyu. An ɗauko na uku.

"Inna, tashi."

"Bar ni, Munzali," ta raɗa. "Hannunta na nan yadda na san shi."

Ya yi bisimilla ya sungume ta. Gashin ya maƙale a hannun macen. Ya fizga. A bayansa wani kuka ya tashi, siriri, irin na yarinyar da aka tafi unguwa aka bari. Bai waiwaya ba. Keken ma can ya kwana, mai shi kuma bai taɓa tambaya ba.

Inna ta yi damina biyu bayan haka. Tana cin abinci, tana salla, amma in Munzali ya gaishe ta sai ta dubi bango. Sau ɗaya ta yi masa magana, a ciwonta na ƙarshe.

"Da ka bari ta gama."

Matan da suka yi mata wanka sun ce kitson biyu na nan daram, ko sili bai warware ba, man shanu na ƙamshi. Na ukun kawai suka ƙarasa.