Sunan da Na Ƙi Fassara wa Umma

"Me yake ce mata?" Umma ta tambaye ni tana taɓa gwiwata.

Muna zaune a falon gidanmu na unguwar Al-Oud a Riyadh bayan la'asar. Baba na kan kujerarsa, kwamfutar Yaya Shakir a gabansa, yana magana ta cikinta da wata Baturiya mai suna Helen. Malamar jami'a ce a Ingila, tana tattara labarin yadda matasa suka rayu a can bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Baba ya yi karatu a Manchester daga 1966, shi ya sa ta neme shi. Umma ba ta jin Turanci, ni ce tafintarta.

"Labarin neman ɗaki yake ba ta, Umma. Wai gida goma sha ɗaya ya ƙwanƙwasa, kowa ya ga baƙar fata sai ya ce an riga an kama."

"Allah sarki."

"Sai wata mata ta tausaya masa ta ba shi ɗaki a saman bene."

Na tsaya a nan. Ban faɗa mata cewa matar tana da 'ya ba, Doreen, mai aiki a masaƙa.

Baba ya ci gaba. Ya ce a lokacin samari kashi biyu ne: masu matsattsiyar kwat da ƙaramin babur Vespa mai madubai barkatai, da masu rigar fata da manyan babura, kuma ba sa ga maciji da juna. Shi ma ya sayi tsohuwar Vespa. Duk Asabar Doreen ke hawa baya, su nufi gidan rawa.

Sai ya yi dariya, har da buga cinya. Baba da ya shekara talatin yana koyar da Turanci a Riyadh, murmushinsa ma da awo yake yi. Tunda aka haife ni ban taɓa jin wannan dariyar ba.

"Yanzu fa?" in ji Umma.

"Labarin babur ne... shi da abokansa."

Ta juyo ta kalle ni sosai.

"Mubina, ban je boko ba, amma ina da kunne. Sau bakwai ya ce Dorin. Ke ko sau ɗaya ba ki ce ba."

Na sunkuyar da kai.

"Mace ce?"

"Mace ce, Umma."

"To faɗa mini komai. Kada ki rage ko ɗigo."

Na dubi Baba ko zai cece ni, amma ya yi nisa. Ya ɗora yatsa kan tabon da ke saman girarsa. Na fara fassarawa murya ƙasa-ƙasa. Wata rana wasu samari masu aske kai ƙwal da manyan takalma suka tare su a tashar bas, saboda sun ga baƙi da fara tare. Suka fasa masa goshi. Doreen ta shiga tsakani tana ihu, ta cire ɗankwalinta ta ɗaure masa kai.

"Faɗuwa ya ce mini ya yi," Umma ta ce a hankali. "Shekara arba'in da biyu ina kallon tabon nan."

Ta miƙe ta shige kicin. Na bi ta. Ta ɗauki kofin shayi wankakke tana sake wanke shi.

"Umma, abin da ya wuce tun kafin ki shiga firamare..."

"Ban shiga ba."

"Ki yi haƙuri. Nufina, tun kafin ya san ki."

"Shi ne ai abin da ke cina." Ta ajiye kofin. "Na zo gidansa ya riga ya zama Malam. Kai kawo ruwa, ke rufe ƙofa. Na ɗauka haka Allah Ya halicce shi, na haƙura. Ashe akwai wadda ta samu saurayin. Ya iya rawa, Mubina. Babanki ya iya rawa."

"Umma..."

"Kyakkyawa ce?"

"Ban gan ta ba."

"Za ta yi kyau mana. Waɗanda ba a aura ba kullum su ne kyawawa. Ba ta ga tarinsa ba, ba ta ga ranar da iƙamarsa, takardar izinin zama a ƙasar nan, ta ƙare ya kwana uku bai ci abinci ba."

Daga falo muka ji muryar Baba ta ɗauke. Helen ce kawai ke magana, a hankali. Na leƙa. Baba ya cire tabarau ya riƙe a hannu.

"Me ta ce?" Umma na bayana.

Wannan karon ban ɓoye ba. Shekara biyu da suka wuce Helen ta yi hira da Doreen, a wurinta ma ta samu sunan Baba. Doreen ta ce yayyenta ne suka rantse sai sun karya shi idan ya aure ta, shi kuma mahaifinsa ya aiko wasiƙa daga Katsina cewa ya dawo gida. Ta raka shi tashar jirgin ƙasa. Daga baya ta yi aure, ta haifi uku. Bara ta rasu.

Baba ya yi wa Helen godiya, ya rufe kwamfutar. Ya dafa hannun kujera ya miƙe, ya nufi ɗakinsa bai kalle mu ba.

"Malam," Umma ta kira shi.

Ya tsaya.

"Ka so ta?"

Na yi niyyar zamewa in ba su wuri, Umma ta riƙe mini hannu gam.

"Tabawa, maganar ta tsufa."

"A wurinka. Ni yau aka haife ta. Ka so ta?"

Ya juyo ya dube ta.

"Na so ta."

Na ji yatsunta sun matse nawa.

"Me ya sa ba ka taɓa faɗa mini ba?"

"Da na dawo gida, ban ga wanda zan ba labarin ya fahimta ba. Ranar da na aure ki kuma na ji tsoro. Na ce idan kika san wancan yaron, ba za ki ga girman wannan mutumin ba."

"Ni wancan yaron na rasa a gidan nan."

Baba ya kawar da kai. Idanunsa sun cika. Ya juya ya kama ƙofar ɗaki.

"Ina za ka?"

"Zan ɗan kwanta."

"Kuka za ka je ka yi." Ta saki hannuna, ta zauna a doguwar kujera, fuskarta ba walwala. "Ina kishinta, Malam. Tana kabari ina kishinta, kuma ba yau zan daina ba. Amma ba za ka rufe ƙofa ku kaɗaita da ita ba. In kuka ne, zo ka yi shi a nan, a gabana."

Ya saki ƙofar. Ya tako a hankali ya zauna kusa da ita. Kafaɗunsa suka fara rawa. Umma ba ta kalle shi ba, bango take kallo, hawaye na bin kumatunta. Can ta miƙa masa gefen mayafinta.

"Idan ka gama," ta ce, "ka faro mini daga ranar da ka sauka jirgi. Da Hausa."