Akwatin Waƙoƙin Zahra'u

Ranar Litinin da hantsi Zahra'u mai kemis ta shigo caji ofis na Yelwa. Ba ta ko zauna ba ta ce an yi mata sata.

"Mi aka ɗauka?" in ji Sufeto Dudu Ngaski.

"Waƙoƙina, ranki ya daɗe."

Sajen da ke kanta ya ƙyalƙyale da dariya. Sufeto ta dube shi sau ɗaya, ya koma kan littafinsa.

Zahra'u ta yi bayani. Shekara bakwai tana tara kundin waƙoƙin Samarin Kwalta, wasu matasan mawaƙa biyar da suka yi tashe suka watse. Kundi tara ne. Kowanne daga faifan asali ta kwafe shi, ba a matse ba, ba a rage wa sautin komai ba. Faifan kundi na uku a Kontagora ta aro shi, daga baya ya karye a hannun mai shi. Duka suna cikin wani ɗan akwatin ajiya na kwamfuta, girman sabulun wanka, kuma ba ta da wani kwafi.

"Ba su a waya ne?"

"Na waya an tatse su. Tawa waƙa ɗaya ta kai girman goma na waya. In kin sa hedifon, har numfashin mawaƙi kina ji. In ɓarawon ya goge akwatin, shi ke nan."

Suka tafi shagon. Ranar Juma'a da azahar Zahra'u ta gitta benci a ƙofa ta tafi gida, kamar yadda kowa ke yi a layin. Da ta dawo babu akwati, amma wayarta na nan a kan teburi.

Mutanen layi suka taru, kowa ya ce 'yan kabu-kabu ne, masu haya da babur. A Yelwa in kaza ta ɓata, ɗan kabu-kabu ake fara zagi, ko da a cikin tukunyar maƙwabci take. Sufeto ba ta ko rubuta ba. Ɓarawon da ya bar waya ya ɗauki akwati ya san abin da ke ciki.

"Wa ya san da shi?"

"Ɗangana mai tura waƙa a kasuwa, ya sha roƙona in ba shi. Sai Malam Yusha'u tela, maƙwabcina. Shi kam kullum in na kunna a sifika sai ya buga bango, ya ce waƙoƙin lalata tarbiyya ne."

"Ya taɓa ji da hedifon ɗinki?"

"Malam? Ko taɓa shi ba zai yi ba."

A kasuwa Ɗangana yana zaune ƙarƙashin lema, gaban kwamfutarsa.

"Ka san Samarin Kwalta?"

"Direbobi ne? Wallahi ban taɓa jin su ba, Hajiya."

Bai rufe baki ba wani masunci ya iso daga bakin gulbi, rediyo a hannu, yana huci.

"Kai Ɗangana, wanga wane irin ha'inci ne? Memorin da ke cin waƙa ɗari biyar ka sa mini hamsin ka ce ya cika! Kuma rediyon ya ƙi karantawa. Tun daga Shanga nike jin ƙarar inji kawai."

"Waƙar su wa ya sa maka, Baba?" in ji Sufeto.

"Samarin Kwalta. Ya ce sabon shigowa, garau."

Ɗangana ya fara gyara hula. Ashe ƙarancin ilimi ne ya kama shi: ya tura wa mutane manyan waƙoƙin yadda suke, bai san ƙananan rediyoyi ba su iya ɗaukarsu ba.

"Ba ni na sata ba! Malam Yusha'u ya kawo mini akwatin ran Asabar, in sa mishi a waya. Na ɗebi kaɗan a ɓoye. Yau bayan la'asar zai dawo da akwatin in matse mishi duka, sannan in goge shi tas don kada a gane."

Sufeto ta duba agogo. An kusa kiran la'asar. Ta kuma san maganar Ɗangana, wanda ya gama rantsuwar ƙarya a gabanta, ba za ta kayar da dattijon da ke shugabantar teloli ba. Ta sa ya tura mata waƙar Samarin Kwalta ɗaya a waya, matsattsiya irin ta gama-gari, mai shuu kamar ana soya ƙosai.

Ta tarar da Malam Yusha'u yana taka keken ɗinki, tabarau a kan hanci. Zahra'u ta leƙo daga shagonta.

"Malam, barka da aiki. An ce ka je wurin Ɗangana."

"Ni? Ɗiyata, da furfurata? Mi zan yi da kiɗan 'yan iska?"

"Haka na ce. To, alhamdu lillahi, an ma samu kayan. Zahra'u, zo ki ji. In naki ne mu rufe fayil."

Ta kunna. Waƙar ta fito daga wayar tana ƙuƙumi. Zahra'u ta buɗe baki, Sufeto ta taka mata ƙafa.

"Ai shi ke nan," in ji Sufeto. "Waƙa waƙa ce. Daidai take da ta asali."

Keken Malam ya tsaya.

"Wane daidai? Ina kalangun da ke shigowa ta kunnen hagu? Ina numfashin da yaron ke ja kafin amshi? Wanga ai..."

Ya dafe bakinsa. Sufeto ta kashe waƙar.

"Kunnen hagu, Malam? Ta bango ake jin kunnen hagu?"

Malam Yusha'u ya cire tabarau ya goge. Sannan ya jawo aljihun keke, ya fito da akwatin a naɗe cikin ƙyallen shadda, da wani sabon hedifon ja.

"Shekara huɗu ina jin su ta bangon katako," in ji shi. "In na buga bango sai ta ƙara sauti don ta ba ni haushi. Shi ya sa nike bugawa."

"Malam! Don mi ba ka roƙe ni ba?" in ji Zahra'u.

"Da wane bakin, ɗiyata? Ni da na tara teloli na yi musu wa'azi a kansu?"

Zahra'u ta jona akwatin a kwamfutarta. Kundi tara, duka suna nan. Ta rangaɗa guɗa har mai rake na bakin layi ya juyo.

"Malam, mu je ofis ka rubuta bayani," in ji Sufeto.

Ya miƙe, ya kulle shago, ya gyara babbar riga. Har ya sa ƙafa a mota ya waiwayo.

"Zahra'u, ban kai na tara ba. Ya kai na bakwai daɗi?"

"Ya fi shi, Malam. In an sallamo ka, ka zo ka yi sallama kamar mutumin kirki."

"To, Sufeto, mu yi sauri," in ji shi, ya ja ƙofar da kansa.