Shafin Babban Shiru

Aikin ƙarami ne, shi ya sa mai maɗaba'a ya ce zai kai shi da kansa a hanyarsa ta komawa gida. Kalanda ce guda ɗaya tak. Wata tsohuwa ce ta kawo ta a rubuce da hannu, ta ce a buga daidai yadda take, kada a ƙara ko ɗigo.

Shekara ashirin yana buga kalanda, bai taɓa ganin irinta ba. Watanninta bakwai. Tsakanin kowane wata da na gabansa akwai kwanakin da ba su da lamba, sai suna a sama: Shirun Titi, Shirun Ruwa, Shirun Agogo. Shafin ƙarshe fari ne fat. Tsohuwar ta ce shi ne Babban Shiru, kuma ko sunansa ba a rubutawa.

Yana rufe shago da yamma matarsa ta kira.

"Baban yara, ka taho da maganin tarin auta."

"Bari in ajiye saƙo ɗaya tukuna. Kalandar masu shiru."

"Ka roƙo wa kanka kwana biyu daga ciki, mu ma mu huta. Kai da ko a barci lacca kake yi."

Ya yi dariya, ya saka kalandar a hammata.

Gidan bene ne mai hawa huɗu, matattakalarsa na warin jiƙaƙƙen siminti. A hawa na uku tsohuwar ta buɗe tun kafin ya ƙwanƙwasa.

"Ka yi latti, ɗana. Rana ta kusa faɗuwa."

"Mama, miƙawa kawai zan yi."

Ta kama hannun rigarsa ta jawo shi ciki, ta murɗa makulli, ta naɗe shi a tsumma ta jefa a aljihu.

Mutum shida ne zaune a jikin bango, babu takalmi, hannuwa a kan gwiwa. An toshe tagogi da barguna. An ɗaure ƙafafun tebur da tsummoki. Ɗakin na warin tsohuwar takarda da kitsen kyandir.

"Kashe wayarka," in ji ta cikin raɗa.

Ya kashe, don bai saba musu da tsofaffi ba.

"Muna da maƙwabta a ɗakin nan, sun riga mu zama. Shekara muka raba da su. Watanni namu, shirun nasu. Ba sa gani, ji suke yi. Wanda suka ji, shi suke ɗauka."

"Su kai shi ina?"

Ta nuna kujera ta bakwai, wadda ba kowa a kanta.

"Babban Shiru yanzu zai shiga. Wata shekarar sa'a ɗaya yake yi, wata shekarar kwana tara. Ba a buɗe ƙofa sai sun wuce. Zauna."

Bai zauna ba. Ya tsaya a gefen tebur yana tunanin mahaukata ya faɗo wa, yana lissafin nisan da ke tsakaninsa da ƙofa.

Ta rataye kalandar a ƙusa, ta fara juyawa.

Shirun Titi. Ƙarar motoci ta ɗauke kamar an yanke ta da almakashi.

Shirun Ruwa. Famfon da ke ɗiga a kicin ya ci gaba da ɗiga, yana ganinsa ta ƙofa, amma babu sauti.

Shirun Agogo. Hannun agogon bango yana tafiya, shi ma shiru.

Ta ɗaga shafin ƙarshe. Hannunta ya tsaya.

A can ƙasan farin shafin, da ƙananan baƙaƙe, akwai sunan shagonsa da lambar wayarsa. Haka yake yi wa kowane shafi na kowace kalanda, kamar yadda ubangidan da ya koya masa aiki yake yi. Ko tunani bai yi ba lokacin da ya sa.

Tsohuwar ta dube shi. Leɓɓanta suka motsa babu murya, amma ya gane.

Ka faɗa musu inda kake.

Harshen kyandir ya kwanta gefe ɗaya. Sanyi ya taso daga ƙasa, da wari irin na rijiyar da aka daɗe da rufewa. Mutanen shida suka runtse ido.

Wani abu ya wuce ta bayansa. Ya ji shi a gashin wuyansa.

Sai takardar ta lotsa kaɗan, daidai kan lamba ta farko, kamar an danna ta da jiƙaƙƙen yatsa. Tawadar ta yi danshi.

A aljihunsa, wayar da ya kashe ta yi ɗumi.

Lamba ta biyu ta lotsa.

Lambobi goma sha ɗaya ne. Ya san abin da zai faru bayan ta ƙarshe. Kuma ya san ƙarar wayarsa: auta ce ta zaɓa masa, ana jin ta daga tsallaken titi.

Ta uku.

Ya ɗaga ƙafa ɗaya ya zare takalmi, sannan ɗayan. Taku huɗu ne zuwa bangon. Iskar ta yi kauri, kamar yana tafiya cikin ruwa.

Ta biyar.

In ya yaga, za a ji. Amma ya san takarda. Wadda ta jiƙe ba ta kuka. Ya lashi yatsa, ya ja layi a saman rubutun. Bakinsa ya bushe. Ya sake lasa.

Ta bakwai.

Yatsansa ya gogi yatsan da ke danna lambobin. Sanyi ƙarara, kuma yana da gaɓoɓi da yawa.

Ihu ya taso masa har maƙogwaro. Ya cije harshe, ya ji gishirin jini. Ya tofa jinin a yatsa, ya gama jan layin da shi.

Ta tara.

Ya ja a hankali. Ƙasan shafin ya rabu kamar ɓawon dafaffen ƙwai.

Babu inda zai ɓoye shi. Ya cusa a baki, ya haɗiye.

Sanyin ya bi takardar. Ya hau haɓarsa, ya sauka wuyansa, ya tsaya a kan maƙogwaro. Abin yana saurare.

Mai maɗaba'a bai yi numfashi ba.

Bangon ya fara duhu a idonsa.

Ɗis.

Famfo ne. Sai agogo. Sai wata mota ta yi hon a can ƙasa.

Tsohuwar ta kwance makulli. Ya fice, ko takalmi bai tsaya ɗauka ba.

Da ya isa gida matarsa ta tambaye shi maganin tari, da takalminsa. Ya buɗe baki, babu abin da ya fito. Sai bayan kwana uku muryar ta dawo. Likita ya leƙa maƙogwaron da tocila ya ce lafiya lau yake.

Tun daga nan, duk shekara idan wannan yammacin ya zagayo, muryarsa takan tafi. Ya rubuta wa matarsa abin da ya faru, ta karanta sau ɗaya ta ƙona. Ita ke ƙirga kwanakin a ranta. Shekara ta biyu biyar ne. Bara tara.

Bana, a kwana na goma sha biyu, tana zuba masa shayi ta ce, ba tare da ta kalle shi ba:

"Baban yara, tun jiya nake kiran auta. Tana juyowa, tana buɗe baki, ba abin da ke fitowa."