Sunan Ɗan Farin Yaya Habsu

"Ki cire wurin nan kawai, Zulai. Minti ukku ne hwa! Minti ukku cikin wasan awa guda."

"Ba ni cirewa."

"Zulaina..."

"Aje wani Zulaina gefe, Mas'ud! Tun daga Gummi kat taso bisa mashin cikin wagga rana don ka hwaɗa min hakanga?"

Ya share gumi da hularsa, ya zauna a kan bencin ajin da muke aro muna gwajin wasa a Anka. Har da taɓon fadama a ƙafarsa, alamar daga gonar shinkafa ya taso bai ko biya gida ba. Saura kwana goma sha biyu a ɗaura mana aure, kuma ga shi ya zo min da fuskar mai kawo saƙon rasuwa.

"Baba Sambo ya kira ni," ya ce a hankali. "Ya ce in kinka yi wasan ga a Tungar Guru, ki nemi wani uban da za ya ba da aurenki. Shi babu hannunai."

Na ji maganar har cikin ƙashina, amma ban bari ya gani ba. Baba Sambo mahaifina ne, kuma duk ƙauyenmu an san in ya ce a'a, ko ruwan sama sai ya dakata.

Ni dai ’yar Tungar Guru ce, can ƙasar Bukkuyum. Ina da shekara goma sha biyar aka yi annobar gubar dalma, lokacin da maza ke kawo dutsen zinari cikin gida mata na dakawa a turmi, ƙurar tana sauka a kan tuwo da tabarma da hannun yara. Yara suka riƙa sanƙarewa suna mutuwa. Cikinsu har da Usama, ɗan farin yayata Habsu, yana da shekara biyu. A wurinmu kuwa uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, in ya mutu ma kunya ba ta barinta ta yi kuka a fili. Na ga Yaya Habsu ranar da aka fita da shi. Tana tsugune tana hura wutar da za a dafa wa masu gaisuwa abinci, idonta a bushe ƙamas. Wannan hoton ne ya bi ni har jami'a a Zariya, inda na karanci wasan kwaikwayo alhali gida ana zaton malanta zan yi.

Shekara takwas ina yawo da ’yan wasana kasuwa-kasuwa, daga Anka zuwa Gummi, ana kiranmu ’yan dirama marasa aikin yi. Sai na shirya wasan Ƙurar Turmi a kan wannan annobar. A ƙarshensa uwar yaron da ya mutu takan tsaya a tsakiyar fili ta ƙwala kiran sunan ɗan farinta sau uku. Da wannan wasan na ciyo lambar gwarzuwar darakta a wata gasa a Abuja, manya masu babbar riga suna share hawaye. Yanzu kuma labari ya iske ni cewa an koma shigo da dutse gidaje a ƙauyenmu. To ina amfanin lambar yabo a bango, in waɗanda aka yi wasan dominsu ba su gani ba?

"Ya ce zan kunyata gidanai, ko?" na tambaya.

"Ya ce ba a taɓa yi ba. Mace ta kira ɗan hwari gaban surukai da dattawa..."

"Mutuwar ɗiya ɗari-ɗari ma da ba a taɓa yi ba, amma anka yi!"

"Na sani, abar ƙaunata. Wallahi na sani. Amma ni hwa? Shekara huɗu ina jiranki. Ki cire shi a Tungar Guru kaɗai, ko'ina kuma ki yi abinki."

"Can ne kaɗai ba ni iya cirewa."

Mas'ud ba mai faɗa ba ne, shi ya sa in ya yi magana takan zauna daram.

"To in tambaye ki abu guda. Ita mai ɗan, kin taɓa tambayarta kahin ki kai ciwonta Abuja?"

Na sunkuyar da kai ina murza bakin mayafina. Ni da ake cewa bakina ya fi reza! Ya sa hularsa, ya tada mashin ya tafi. Kwana uku ko fulashin bai yi min ba, ni ma girman kai ya hana ni kira, sai dai in duba wayar in yi tsaki in mayar jaka.

Washegari Litinin na hau mashin ɗin haya zuwa ƙauye. Ban biya ta gidanmu ba, kai tsaye na wuce gidan Yaya Habsu. Na same ta tana surfen gero da hantsi, ’ya’yanta huɗu da ta haifa daga baya duk sun tafi makaranta.

"Yaya, na zaka neman gahwara. Na ɗauki labarinki na kai duniya ban tambaye ki ba."

Ba ta daina surfen ba.

"An ce mutanen Abuja sun yi kuka."

"Sun yi, Yaya."

"Sun ji daɗinsu. Su sun samu sun yi."

Maganar ta soke ni. Na durƙusa a gefen turmin, hawaye na zuba ba tare da na shirya ba.

"Baba bai iya hana ni, Mas'ud ma bai iyawa. Ke kaɗai ad da ikon ki ce in bari. In kinka ce, wallahi yau nika tattara kayana."

Sai a lokacin ta jingine taɓaryar.

"Wane suna matar taki ka kira?"

"Kamilu."

"Ba shi ne ba."

"Na sani. Na sake shi ne don... don kada ki ji ciwo."

Ta yi wata ’yar dariya marar daɗi.

"Yaushe ne?"

"Laraba, bayan la'asar. Hilin makaranta."

"Ban hana ki ba, ban kuma sa ki ba. Miƙo min faifan can."

Iyakar abin da na samu ke nan, na kuma riƙe shi hannu biyu.

Ranar Laraba motarmu ta tsaya a bakin rafi don hanya ta lalace, sai an ɗauki kaya a ka zuwa makaranta. Samarin da muka yi magana da su duk suka noƙe, saƙon Baba ya riga mu isowa. Muka kwashi labule da ganguna, aka bar ƙaton turmin wasan, wanda mu uku mata muka kasa ɗagawa. Ina tsaye ina cizon leɓe na ji ƙarar mashin a bayana.

Mas'ud ne, cikin farar shadda sabuwa. Ya naɗe rawaninsa na hanya ya yi gammo, ya ce a aza masa.

Namiji da turmi a ka, ta tsakiyar gari! Mata suka leƙo ta saman danga suna shewa. Wata tsohuwa ta ce, "Wanga ango tun ba a ɗaura ba an gama da shi!" Shi kuwa tafiyarsa yake yi, gumi na bin wuyan shaddar.

Na bi shi da sauri. "Mi ya kawo ka?"

"Kwana ukku na yi ina neman wadda ta hi ki sauƙin kai," ya ce yana nishi. "Na samu da yawa a Gummi. Babu wadda nika so."

"In Baba ya hana hwa?"

"Sai mu tsuhwa muna jira. Matsa min, hasken idona, abin ga da nauyi."

Ban san lokacin da dariya da kuka suka haɗe min ba.

Fili ya cika maƙil. Maza a dama kan tabarmi, mata a hagu cikin lulluɓi. Ban zaci Baba zai zo ba, sai ga shi a sahun gaba cikin dattawa, ya kafa sandarsa tsakanin gwiwoyi, ko kallona bai yi ba. Can baya na hango Yaya Habsu ta rufe rabin fuskarta.

Aka fara. Aka yi dariya inda ake dariya, lokacin da wani baƙon ɗan kasuwa ya shigo gidan da buhun dutse yana zuba wa maigida daɗin baki. Aka yi tsit da ƙura ta fara tashi daga turmi. Da yaron ya sanƙare, na ga mata suna sunkuyar da kai ɗaya bayan ɗaya.

Sai wurin nan ya zo. Fatiha, jarumata mai fitowa a uwar, ta tako tsakiyar fili. Sau arba'in ta yi wannan kiran a garuruwa daban-daban ba ta taɓa gargada ba. Amma Fatiha ’yar Bukkuyum ce, kuma yau gwaggonninta ne da kawunnanta zaune a gabanta. Ta buɗe baki, ta dubi sahun dattawa, murya ta ƙi fita. Ta sake gwadawa. Shiru. Ta juyo tana kallona a bayan labule, idonta na roƙona in yi wani abu.

Na ce a raina shi ke nan, na sayar da aurena a banza.

"Usama!"

Daga baya muryar ta fito, a dishe, kamar ƙofar da aka daɗe ba a buɗe ba. Kowa ya waiga. Yaya Habsu ce tsaye, lulluɓinta ya zame har kafaɗa.

"Usama! Usamana! Ni ce innarka... ni ad da kai!"

Ta fashe da kukan shekara goma sha huɗu. Kafin kowa ya motsa, wata mata a gefenta ta miƙe ta ce, "Makau!" Wata ta ce, "Iyatu!" Wata can gaba ta ɗora hannu a ka tana kiran Hafsa. Sunaye suka riƙa tashi ta ko'ina, waɗansu ban taɓa jin su ba, waɗansu kuwa na goya masu sunan a bayana. Ban rubuta wannan ba, ba kuma zan iya rubuta shi ba.

Baba ya dogara sandarsa ya miƙe. Fili ya yi tsit, sai shessheƙa. Na fito daga bayan labule na tsaya a gabansa. In zai tsine min, gara ya yi ina kallonsa. Na ji Mas'ud ya zo ya tsaya a kafaɗata.

"Zulai."

"Na'am, Baba."

"An ce an ba ki lamba don kin hwaɗi gaskiya. To akwai ƙarya cikin wasanki."

"Wace ƙarya, Baba?"

"Wane baƙo? Ke kin san babu baƙon da yak kawo buhu gidan Habsu." Ya ɗaga muryarsa yadda kowa zai ji. "Ni nak kai shi. Bisa jakina. Ni nac ce ta daka min, nac ce in an sai da zan sawo ma yaron riga. Shekara goma sha huɗu ina hwakewa da kunyarta don kada a tuna tawa."

Gaskiya ne, na sani tun ranar da ya kai buhun. Ni da nake cika bakin ba na tsoron kowa, ubana kaɗai na kasa sakawa a wasan.

"In za ki sake yi, ki gyara. Ki sa tsoho, ki ba shi sanda irin wagga." Ya juya ga Mas'ud ya dube shi sama da ƙasa. "Kai kuma mai turmi, ka wanke shaddar ga kahin Juma'ar sama. Ba ni ba da ɗiyata ga mai dauɗar wuya."

Mas'ud ya zube ƙasa yana godiya, ni kuwa na juya na rungume Fatiha.

Baba bai koma wurin dattawa ba. Ya ratsa ta cikin sahun mata, suna janye ƙafafu suna ba shi hanya, har ya isa inda Yaya Habsu ta durƙushe. Ya ajiye sandar, ya zauna a ƙasa kusa da ita, tsoho mai shekara saba'in, hawaye na bin gemunsa.

"Habsu," ya ce, "sake kiran min abokina, in ji."