Kunnen Mama

Ku yi haƙuri da ni, yau ne na fara ƙarfin halin rubuta labari... in kun ga kuskure ku rufa min asiri.

"Sake faɗa," in ji Injiniya mai ɗaukar sauti ta bayan gilashi. "Kamar mai karanta sanarwa kike!"

Mai Murya ta cire abin kunne ta harare shi. Aikinta ke nan, ɗora wa finafinan waje murya a ɗan ɗakin nan da aka liƙe bangonsa da soso. Amma fim ɗin yau ya tsaya mata a wuya. Wata mata ce aka kashe mijinta a ƙasar waje, ta bi sawun makasan, ɗan sandan da ke kare ta ya faɗa sonta.

Ita ma haka ta rasa nata mijin. Ya tafi nema wata ƙasa ɓarayi suka tare shi, ko gawarsa ba ta gani ba. Tun daga nan take zaune da mahaifiyarsa, Mama, wadda idanunta suka daina gani.

"Mai muryar ɗan sandan bai zo ba, da bango zan yi soyayyar?" ta ce.

"To ga ni."

Ya shigo ya ɗauki takarda. Ta kau da kai, don ba yau ya fara neman aurenta ba.

A allo, ɗan sanda na kwance cikin jini a tashar jirgi.

"Ki gudu, suna zuwa!" Injiniya ya karanta.

"Ba inda zan je... ba zan sake bari wanda nake so ya mutu shi kaɗai ba. Ina sonka!"

Muryarta ta karye.

"Ya yi," ya ce a hankali. "Saura ki faɗa min ba da takarda ba."

"Don Allah kar ka fara."

"Sanyin idona, ai ban ce ki bar Mama ba..."

"Ɗanta ɗaya ne tak! Da wane baki zan ce mata na ga wani? Ta ce na manta shi?"

Ta ɗauki jakarta ta fice, bai hana ta ba.

Da fim ɗin ya fito, ta kunna wa Mama a waya da rana kamar yadda suka saba, tana ɗiga mata maganin ido. Mama ba ta ganin hoto, amma ko tari surukarta ta yi a fim sai ta gane. Ana zuwa tashar jirgi ta ɗaga hannu.

"Mayar min baya."

Ta mayar.

"Wane ne wannan yaron?"

"Ɗan sanda ne, Mama."

"Ni za ki yi wa wayo? Mai maganar nake nufi, wannan da yake karatu kamar an shaƙe shi."

"Injiniyanmu ne..."

Mama ta laluba ta kamo hannunta.

"A fim na ji kin ce wa likita ina sonka, kin ce wa attajiri, har ɗan fashi kin faɗa wa, duk dariya nake. Wannan muryar kuwa na san ta, 'yar nan. Da ita kike yi wa ɗana sannu da zuwa."

Kwalbar maganin ta suɓuce. Ta kifa kanta a cinyar Mama.

"Ki yafe min, wallahi ban manta shi ba!"

"Wa ya ce kin manta? Ai ina jin kukanki ta bango." Hawaye ya gangaro wa Mama ita ma. "Sun ɗauke min ɗaya ba shawara, ba zan riƙe ɗaya da hannuna ta tsufa tana ɗiga min magani ba. Ki ce ya zo ya gaishe ni."

"Mama..."

"Amma ki gaya masa mu biyu zai ɗauka. Kuma ya tsaya a kan na'urarsa, fim ba nasa ba ne!"

Suka rungume juna, ga kuka ga dariya. Ni dai bari in ajiye biro in sulale, tun kafin su ɗago su gan ni.