Fim Ɗin da Na Rubuta wa Baba

"Fim?! Ni kike yi wa maganar fim, Uwata?"

Baba ya jefar da gemun robar da yake gyarawa. Muna bayan dandamali, tsakanin akwatunan kayan wasa da labulen da ya koɗe. Tun ina sakandare nake rubuta wa ƙungiyarsa wasan kwaikwayo, shi kuma yana fitowa a jarumi.

"Baba, kujeru kaɗai ke kallonmu yanzu..."

"Kujerun sun kawo miki ƙara ne? Dogon yaron nan mai kyamara ne ya hure miki kunne. Ki zaɓa, ko ni, ko shi da fim ɗinsa!"

Na fito ina share hawaye. Dogo, daraktan da ke neman aurena, yana jingine da babur ɗinsa.

"Ya ƙi ko?"

"Cewa ya yi in zaɓa."

"Abar ƙaunata, ba zan raba ki da mahaifinki ba. In haƙuri ne, ni zan..."

"Kar ka ƙarasa! Babu wanda zan bari a cikinku. Kai dai ka shirya kyamararka."

Na san abin da ke cin Baba. Muryarsa ce ta dishe, 'yan layin baya sun daina jin sa. Tsoro yake kar a ce ya ƙare.

Sai na zauna rubuta masa fim, labarin tsohon direba da 'yarsa ta ɓata. Rubutun farko Dogo ya dawo min da shi yana dariya.

"Jawabi har shafi uku? Masoyiyata, fim ne fa, ba lacca ba!"

Na yi fushi, na ƙi ɗaga wayarsa, sannan na yaga na sake. Da ƙyar na koyi barin ido ya faɗi abin da baki zai faɗa.

Umma ce ta lallaso Baba ya zo wurin ɗaukar fim ɗin.

"Kallo kawai zan yi," in ji shi, fuska a murtuke.

Dogo ya durƙusa ya maƙala masa ƙaramin makirufo a wuyan riga.

"Baba, gwaji ne kawai. Ba sai ka ɗaga murya ba, ka yi kamar da 'yarka kake magana."

Baba ya dubi takardar, ya dube ni. A hankali ya karanta: "Ki dawo gida... ban yi fushi ba."

Da aka kunna masa ya ji muryarsa, sai ya juyo ya dube ni.

"Ni ne wannan?"

"Kai ne, Baba!"

Ya goge ido da hannun riga, ya gyara murya.

"Kai Dogo, ban yi shi daidai ba, a sake ɗauka. In mun gama... ka ce wa manyanka ina gida."

Na faɗa jikin Umma ina kuka. Dogo kuwa sai murmushi yake, yana sake saita kyamarar.